Ƙofar Bakurden Zuru

Ranar da muka binne Baba, ni aka ɗora wa tarbar masu zuwa gaisuwa, domin a gidanmu an daɗe da yarda cewa ni ce mai baki, kuma ni ce na san kowa a Zuru. To, ranar ƙaryata ta ƙare. Tun kafin a fito da shi daga coci na fara ganin fuskokin da ban taɓa gani ba, kuma ba 'yan kallo ba ne, mutane ne masu kuka da gaske. Wata tsohuwa ta sauko daga babur ɗin ɗan kabu-kabu ta rungume ni har ɗankwalina ya zame. Ta ce daga Mahuta take, a kasuwa labarin ya riske ta, ta bar tumatirinta a hannun maƙwabciya ta taho. Wani direban babbar mota, ƙato da shi, ya durƙusa gaban Mama yana kuka har da majina. Can gefe a ƙarƙashin mangwaro wasu Fulani suka tsaya da sandunansu, ba su shiga coci ba, ba su kuma tafi ba. Da aka kai Baba makwancinsa, ɗaya daga cikinsu ya karɓi shebur a hannun samarin unguwa, ya yi ta zuba ƙasa har rigarsa ta jiƙe.

Gwaggo, ƙanwar Baba, ta yi ta jan gefen zanena.

"Waccan mai baƙin gyale ɗiyar wa ce? Dangin uwarku ne?"

"Ban san ta ba, Gwaggo."

"To wancan mai jar hular fa?"

"Shi ma ban san shi ba."

"Ke da aka ce kin san kowa!"

Na lallaɓa wurin Mama na raɗa mata tambayar. Ta ɗago jajayen idanunta ta dubi taron, sai ga ɗan murmushi, na farko tun rasuwar. "Baƙin ubanku ne," in ji ta. "Kada ki wahalar da kanki. Shi kansa rabinsu bai san sunansu ba."

Ni abin alfahari na gani. Yaya kuwa, babban wanmu da ke aiki a Kaduna, abin tsoro ya gani. Ya ja ni bayan rumfa ya ce, "Kin ga abin da nake faɗa ko? Duk waɗannan sun san hanyar gidanmu, mu ba mu san ko ɗaya ba. Kuma tsohuwa za mu bari ita kaɗai a ciki. Da zarar masu gaisuwa sun watse zan rufe ɗakin nan." Ya taɓa aljihunsa. Ashe da kwaɗon ƙofa ya taho tun daga Kaduna, sabo fil, ko kwalinsa bai cire ba.

Ɗakin da yake nufi shi ne na bakin gida, mai ƙofa a kan titi. Babu kujera ko ɗaya a ciki, sai darduma shimfiɗe, matasan kai jere a jikin bango, barguna kuma a kusurwa. Baba yana ce masa diwahan, wai haka Kurdawa ke kiran ɗakin baƙinsu. Bakin mutanen Zuru bai iya ɗaukar wannan kalma ba, sai suka ce ɗakin Kurdawa, shi kuma suka laƙaba masa Bakurden Zuru. Doka ɗaya ce a ɗakin: duk wanda ya yi sallama a shigo da shi, kuma ba a tambayar sunansa, ko garinsu, ko addininsa, ko abin da ya kawo shi, sai ya ci ya sha ya huta. In ya ga dama ya faɗa, in bai ga dama ba ya kama hanyarsa. Tun da aka gina ɗakin ba a taɓa sa masa kwaɗo ba. A cikinsa na girma ina wanke kofuna ina ƙunƙuni, ban kuma san ina son sa haka ba sai da na ga abin da ke aljihun Yaya. In aka rufe shi, ni a wurina an sake binne Baba ne.

Baba soja ne, kamar yawancin mazan unguwarmu. Ina ƙarama aka tura shi tare da sojojin wasu ƙasashe can kan duwatsun da ke tsakanin Iraki da Iran, su sa ido kan tsagaita wuta bayan wani dogon yaƙi. Sauran sojoji in sun dawo daga waje rediyo suke kawowa, da agogo da atamfa. Namu ya dawo da wata butar shayi mai hawa biyu, da ƙananan kofunan gilashi masu siririn ƙugu naɗe cikin safa, da labarin Kurdawa cike da baki. Mama takan ce, "Soja na raka tasha, mai shayi aka dawo mani da shi."

Mu mutanen Zuru muna ji da duwatsunmu, ba ma yarda a raina su a gabanmu. Baba ya ce mu rufa wa kanmu asiri, namu kunyoyin doya ne. Ya ce a can sai ka ɗaga kai har hula ta faɗi kafin ka hango ƙarshen dutse, kuma kansa fari fat da dusar ƙanƙara ko da rana ta take. Idan sanyi ya wuce, ƙanƙarar nan takan narke ta gangaro, sai ƙasa duka ta yi kore shar cikin ɗan lokaci, jajayen furanni su rufe gangaren dutse har ka rasa inda za ka sa ƙafa. Ruwa na ɓulɓulowa daga cikin dutse, sanyinsa har haƙori yake kamawa. Ya ce akwai ƙauyen da aka gina gidajensa hawa-hawa a jikin dutse, rufin gidan wani shi ne tsakar gidan na sama da shi, don haka in ka yi faɗa da maƙwabcinka na ƙasa, a kansa za ka shanya hatsinka. Yakan lumshe ido idan ya zo kan rumman, da inabi, da ɓaure, da zumar da ake ɗebowa daga kogon dutse a ci da gurasa mai laushi da kindirmo. Mu da muke zaune gaban tuwon dawa da miyar kuka, sai Mama ta ce, "To Manjo, a ɗauke naka tuwon ke nan?" Ya yi maza ya jawo kwanonsa.

Amma ba don rumman ya so Kurdawa ba. Ya ce ranar da ya fara ganin gonakinsu, yadda suka jera duwatsu suka tare ƙasa a gangare don kada ruwa ya kwashe ta, sai ya ji kamar gonar kakansa ce aka ɗauko aka kai can. Su ma in maƙiyi ya taso dutse suke hawa, kamar yadda kakanninmu suka yi. Su ma mazansu sun san bindiga sun san fartanya. "'Yan uwanmu ne," yakan ce, "Allah ne ya raba mu masauki." Ya ba mu labarin daren shigowar sabuwar shekararsu, yadda samari ke hawa dutse ɗauke da wuta a kan sanduna, har dutsen ya zama layin haske daga gindi zuwa sama. Wata Kirsimeti ma ya dage sai ya koya mana rawarsu. Ya jera mu a tsakar gida, kowa ya saƙala ɗan yatsansa a na kusa da shi, shi yana gaba yana kaɗa hankici, wai mu riƙa motsa kafaɗa tare. Gwaggo ta taka Yaya, Yaya ya ja ni, muka zube gaba ɗaya a kan kwandon wanke-wanke. Mama ta yi dariya har sai da aka ba ta ruwa.

Labarin da kowa ya sani a Zuru, har yaran unguwa kan riga shi kai ƙarshensa, shi ne na shayi. A gidanmu an hore mu cewa abin da aka ba ka ka cinye, barin saura raini ne. Da wannan tarbiyya Baba ya shiga gidan wani tsohon Bakurde. Aka miƙo masa shayi a ɗan kofin nan, ya shanye tas ya ajiye. Aka sake cikawa. Ya shanye. Aka sake cikawa. Shi yana ganin in ya bari ya wulaƙanta mai gida, mai gida kuma yana ganin kofi a buɗe babu komai, alamar baƙo bai ƙoshi ba. Babu mai jin yaren wani. Baba ya ce ya sha har ya fara jin shayi na kaɗawa a cikinsa in ya motsa, gumi na zuba, ga fitsari ya matse shi, ga tsoho na kallonsa da mamaki yana aika a ƙaro ruwa. Sai matar gidan, da ke leƙe daga ƙofa, ta gane halin da ake ciki. Ta shigo ta ɗauki kofinsa ta kifa a kan ɗan farantin. Ashe abin da ake yi ke nan in an ƙoshi. Ɗakin ya fashe da dariya, shi kuma ya fita a guje yana neman bayan gida.

Wata al'adar da ya kwaso ta fi ba Mama wahala. Wai a can in baƙo ya yabi abu, ya zama nasa. Fasto ya taɓa cewa, "Kai Manjo, wannan sandar taka ta yi kyau," bai bar gidan ba sai da sandar. Wani malamin makaranta ya yabi agogon bango, aka sauke masa. Daga nan mutanen kirki suka koyi kame bakinsu a gidanmu, marasa kunya kuma suka koyi yabo. Mama ta kwashe tukwanenta masu kyau ta tura ƙarƙashin gado, ta kuma sanar a taron mata cewa duk wadda ta yabi akuyarta, ita da ita ne.

Bayan ya yi ritaya, aikinsa ke nan. Da la'asar sakaliya, lokacin da motocin ƙarshe ke tashi, yakan taka zuwa tasha da hannu a baya, yana duba wanda ke juye-juye da kaya a kai bai san inda zai nufa ba. Ba ya cewa komai sai, "Taho mu sha shayi." Mama takan tuƙa tuwo da ƙari kullum, tana tuƙi tana mita, wai ita ba ta san ranar da aka naɗa ta uwar garin Zuru ba. Amma in baƙuwa mace ce, ita ke kai mata ruwan wanka, kuma ita ke ba ta zane. An taɓa samun wanda ya tafi da bargo. Muka zo muna huci, Baba ya ce, "Sanyi yake ji. Da ya tambaya ma da na ba shi." Kada dai a ɗauka sakarai ne. Idon soja gare shi, yakan dubi hannun mutum da takalminsa ya san manomi ne ko makiyayi ko ɗan zaman banza. Ya ce yawancin mutane in cikinsu ya ɗauka, da kansu suke kwance maka labarinsu, har da wanda ba ka so ji ba.

Sai shekarun 'yan bindiga suka zo. Mutanen ƙauyukan wajen Danko suka riƙa shigowa gari da tabarmi da yara, ɗakin Baba ya cika har baranda. A lokacin ne aka harbe ɗan Baba Saje a kan hanya, yana dawowa daga sayen hatsi a kan babur. Baba Saje maƙwabcinmu ne, ƙofarsa na kallon tamu. Tare suka taso da Baba, tare suka shiga soja, shi ne ma ya riƙe ni ranar da aka yi mani baftisma. Ɗan nan shi kaɗai ne namiji gare shi. Baba ne ya yi tsaye a kan jana'izar daga farko har ƙarshe.

Ba a daɗe ba wani Bafulatani ya shigo gari da matarsa da ƙananan yara. 'Yan bindigar nan sun kwashe masa shanu kaf, amma a lokacin wa zai tsaya jin wannan? Duk inda ya nufa sai a rufe ƙofa. Baba ya tsince su a bakin tasha ya taho da su. Washegari da safe ina gidan, na kawo wa Mama magani, sai ga Baba Saje da 'yan banga a bayansa. Baba ya fito daga shi sai zane da singileti, ya tsaya a bakin ƙofar ɗakin.

"Manjo, fito mana da mutumin nan mu tambaye shi," in ji Baba Saje.

"Bai karya ba tukuna."

"Ka san ko shi wane ne? Ka san wa ya aiko shi?"

"Na san yaransa sun kwana biyu ba su ci ba kafin in tsince su. In ya ci, in yana da laifi, ni da kaina zan kai shi gaban hukuma. Amma ba mai jan baƙona daga kan tabarmata."

"Kai da Kurdawan nan naka! Su can sun san abin da muke gani?"

Nan ne Baba ya faɗi abin da bai taɓa haɗawa da labarin shayi ba. Ni kaina ranar na fara ji. Ya ce motarsu ce ta maƙale a kan dutse cikin ƙanƙara, zazzaɓi ya kayar da shi, abokan tafiyarsa suka ɗauke shi zuwa ƙauye mafi kusa. Ƙauyen nan masu kaki ne suka ƙone shi a lokacin yaƙi. Mutanensa ba su daɗe da dawowa ba, suna zaune cikin rabin bango da rufin leda. Tsohon da ya yi ta cika masa kofi, 'ya'yansa maza masu kaki ne suka tafi da su, ba su dawo ba.

"Ga ni baƙin mutum, cikin kaki, ba ya jin yarena," in ji Baba. "Wa ya fi shi dalilin rufe ƙofa? Bai tambaye ni ko ni wane ne ba. Bargon da yake rufa da shi ya lulluɓa mani, shi ya zauna bakin murhu. Saje, da ya tsaya tambaya, da ba ka da wanda za ka yi wa ihu yau."

Baba Saje ya ce, "Ba ɗanka aka kashe ba. Daga yau ba ni ba kai." Ya juya, 'yan banga suka bi shi ɗaya bayan ɗaya. Baba ya shiga ciki ya zauna a bakin gado ya yi kuka, abin da ban taɓa gani ba. Amma da ya share ido, cewa ya yi a kai wa yaran kunu. Bafulatanin nan shi ne wanda ya karɓi shebur ranar jana'izar Baba. Sai daga baya Mama ta tuna mani.

Shekaru suka wuce ƙofa na kallon ƙofa babu gaisuwa. A coci kowa ya canza layi. Baba bai taɓa faɗin mugun abu a kansa ba, in an tayar da zancen sai ya ce, "Ku bar shi, abin da ya ɗauka ya fi nawa nauyi." Da ciwo ya kwantar da Baba a asibiti, bai jima ba. Abin da yake tambayata kullum in na shigo shi ne ko an share ɗakin, ko akwai sukari. Baba Saje bai je dubiya ba. Ranar jana'iza ma bai zo ba, amma na gan shi zaune a ƙofar gidansa tun safe, yana kallon masu shiga da fita. Haka ya yi ta zama har aka gama karɓar gaisuwa. Na ji haushinsa ƙwarai, ba zan ɓoye ba.

Da baƙi suka watse, Yaya ya kira taron gida da hantsi, a cikin ɗakin kansa. Mama, da Gwaggo, da ni. Sai ga Baba Saje ya shigo yana dogara sanda. Yaya ne ya gayyato shi a matsayin dattijon unguwa, kuma na san dalili: ya nemo wanda zai mara masa baya ne. Tsohon ya gaishe da Mama a taƙaice, ya zauna a bakin darduma kamar mai tsoron ta cije shi.

Yaya ya ajiye kwaɗon a tsakiya ya yi bayaninsa, kuma gaskiya ba shirme ya faɗa ba. Ya ce zamani ya lalace, Baba namiji ne kuma soja, Mama tsohuwa ce mai ciwon ƙafa. Ni kuwa na hau shi da faɗa, na ce tun ƙasar kabarin ba ta bushe ba zai rushe abin da mutumin ya gina. Ya bar ni na gama, sannan ya ce, "To ke za ki bar gidan mijinki ki dawo nan ki tsare ƙofar?" Bakin nan nawa da ake yabo ya mutu. Gwaggo ta ce ita dai a yi abin da zai kawo kwanciyar hankali. Mama tana ta murza gefen zanenta. Na ga an gama da ni, hawaye suka fara zubo mani.

Yaya ya juya ya ce, "Baba Saje, kai ne babba. Ka san abin da ɗakin nan ya jawo."

Kafin ya buɗe baki aka yi sallama. Wani saurayin Bafulatani ne tsaye a ƙofa, wata mata mai tsohon ciki ta jingina da kafaɗarsa, ƙafafunta a kumbure. Ya ce sun zo asibiti an ce su dawo gobe, ba su san kowa a gari ba, wani ɗan kabu-kabu ne ya nuna masu nan. Bai san an yi rasuwa ba. Ya dubi fuskokinmu, ya dubi kwaɗon da ke kan darduma, sai ya fara ja da baya.

Yaya ya miƙe. "Kai wane ne? Daga wane gari?"

"Bari," in ji Baba Saje.

Muka juya gaba ɗaya. Ya dafa sandarsa ya tashi da ƙyar.

"Akwai abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba, ko uwar yaron ba ta sani ba. Ɗana ba a kan hanya ya cika ba. Da harbin a jikinsa ya ja ciki har wani gida a bakin ƙauye, rana ba ta ma faɗi ba. Ya buga ƙofa. Suna ciki, suka tsaya tambayarsa ko shi wane ne, wa ya aiko shi, ɗan gidan wa ne. Tsoro suke ji, ban ga laifinsu ba. Kafin su gamsu su buɗe, ya tafi." Ya dubi ƙofar. "Na san wannan tun ranar da na zo nan da 'yan banga. Na sani, amma zuciya ta hana ni. Kwanakin nan ina zaune ina kallon mutanen da ke shiga gidan nan, ina cewa da ƙofar Manjo yarona ya samu, da yanzu yana cikinsu."

Gwaggo ta toshe bakinta da gyale. Baba Saje ya dubi saurayin ya ce, "Shigo da ita, ɗana. Ku zauna. Kun ci abinci?"

Sannan ya juya ga Yaya. "Tsoronka gaskiya ne, ba za a bar tsohuwa ita kaɗai ba. Ga ni nan, taku kaɗan ne tsakaninmu, kuma ni ma soja ne, ko ka manta? Daga yau a nan zan wuni. Ɗauke ƙarfen nan ka kai shi ɗakin awaki."

Yaya ya dubi Mama. Sai a lokacin ta yi magana. "Ni dama ban ce a rufe ba. Mita kawai nake yi, ita ma na saba ne." Ta miƙa mani hannu na tashe ta, ta kama matar nan ta zaunar da ita a kan matashi, ta ce da ni, "Ke kuma kin tsaya kuka, je ki hura wuta." Yaya ya daɗe a tsaye. Daga bisani ya sunkuya ya ɗauki kwaɗonsa ya mayar aljihu, ya fita. Na ɗauka fushi ya yi. Can sai ga shi ya dawo da burodi da ƙullin sukari, ya ajiye a gaban baƙin bai dubi kowa ba.

Ɗakin yana buɗe har yau. Allah ya ba Baba hutawa irin wadda ya ba mutane, ya karɓe shi kamar yadda ya karɓi bayinsa.

Ranar taron nan, da na kawo shayi, na tarar da Baba Saje ya miƙe ƙafa a kan darduma yana kallon hoton Baba da ke jikin bango, idonsa cike da ƙwalla, amma dariya yake yi ƙasa-ƙasa. Na ce, "Baba, lafiya?"

Ya nuna hoton da haɓa. "Ni da mutumin nan tun muna samari muke kokawa a dandali, duk kaka. Tambayi Gwaggonki, bai taɓa kai bayana ƙasa ba, ko sau ɗaya." Ya karɓi kofin, ya girgiza kai. "Sai yau da yake kwance ya kayar da ni."